Kati Na Talatin

"Ba ni na taɓa shi ba, Manzo. Sau nawa zan faɗa maka?"

Raliya ce ke magana, tana tsaye a bakin zauren gidansu a Gangara, ambulan ɗin a hannunta. Saura kwana tara a ɗaura mana aure, kuma wannan ne faɗanmu na farko tun da na fara zuwa zance wurinta.

Katunan gayyata ne a cikin ambulan ɗin. Guda talatin na sa aka bugo mini a Kano, wani direba ya kawo mini har Damagaram. A shekarar 1964 ba wanda ya taɓa ganin irinsu a Gangara. Goro ake rabawa, mata su bi gida gida su faɗa da baki. Amma ni na yi aji huɗu a lakwal, makarantar boko ta Tanut, kafin in gudu in bi kamiyo, babbar motar kaya, na zama aparanti, wato yaron mota, a hanyar Damagaram zuwa Agadas. Na ga ma'aikatan birni suna raba kati, na ce nawa auren ma sai da kati. Ina so a san yaron da ya gudu daga lakwal bai tashi a banza ba.

Da yake ba ni da ɗaki sai bayan mota, hannuna kuma kullum cikin baƙin mai, sai na ba Raliya ajiya. Ba ta iya karatu ba, amma ta fi ni sanin darajarsu. Ta daidaita bakinsu a kan faifai, ta zura su cikin ambulan, ta naɗe da farin ƙyalle, ta sa a ƙasan adudunta, ƙarƙashin zannuwa.

Mahaifinta, Malam Attahir mai sayar da gero, shi ya zaunar da ni ya yi ta faɗa mini sunaye ina rubutawa. Muka sami ashirin da tara. Na ɗauki na farko na kai wa tsohon malaminmu na lakwal a Tanut, da muke kira mushe, don ya ga rubutuna. Ɗaya ya rage ba suna a kansa.

Shi ne wanda yake fitowa.

Kwana uku a jere, in ji Raliya, in ta dawo daga rijiya da rana tsaka, sai ta tarar da adudun a rufe yadda ta bar shi, ƙyallen a naɗe, amma katin nan yana kwance a saman zannuwa. Ta mayar, gobe ya sake fitowa.

Na yi dariya, na ce ƙila ita ce ke fito da shi tana kallo, zumuɗin amarci ya sa ta mantuwa. Abin da ya ɓata mata rai ke nan.

"To duba nan, ɗan lakwal, tunda kai ne mai karatu."

Ta miƙo mini katin. A gefensa na dama akwai shaidar babban yatsa, shuɗi mai duhu yana ɗan sheƙi. Na kai hanci. Ƙamshin turkudi ne, baƙin zanen nan na mutanen arewa da ke zuba a jiki.

"Wa ke ɗaura turkudi a gidanku?"

"Ba kowa," ta ce, muryarta ta yi ƙasa. "Tun da Inna ta tafi."

Labarin Innarta na san shi sama-sama. Sunanta Fadimata, 'yar makiyaya ce daga kwarin Tarka. Zaman cikin katanga bai karɓe ta ba. Wata damina ta tafi ganin danginta ba da iznin miji ba, Malam Attahir ya aika mata da saki cikin fushi, ya riƙe yarinya. Raliya na da shekara bakwai a lokacin. Shekara goma sha biyu ke nan ba a ambaton sunan matar a gidan, shi kuma bai sake aure ba.

Raliya ta gaya mini abin da ban sani ba. A wurinsu, goron farko na biki na uwar amarya ne, ko an sake ta, ko tana bangon duniya. Sai ya isa hannunta kafin a gayyaci kowa. Da an yi yadda aka saba, gwaggonninta za su tuna, su tura mutum a ɓoye. Amma na zo da takarda, maza biyu muka zauna a zaure muka gama komai, ba mace ko ɗaya a wurin.

"Kai kuma ka ɗauki na farko ka kai wa mushe," ta ce. Hawaye ya cika mata ido. "Wannan na Inna ne, Manzo. Ya ƙi zama cikin 'yan uwansa."

"Haba Raliyata, takarda ce fa..."

"Sauran suna hannuna. Ba zan ba ka ko ɗaya ba, ba kuma zan sa lalle ba, sai ka kai mata."

Ta juya ta shiga gida.

Na jira Malam Attahir ya dawo daga kasuwa, na durƙusa na faɗa masa. Bai dube ni ba. Hannayensa na cikin aljihun riga, yana kallon bango. Daga baya ya ce shi ya ba ni 'yarsa duk da mutane sun ce masa ƙafata ba ta zama wuri ɗaya, don ya san marigayi mahaifina. Amma in na taka kwarin Tarka da sunan bikin nan, in nemi wata matar.

Na fito. In na je, uba ya hana. In ban je ba, amarya ta ƙi. Na zauna gindin aduwar ƙofar gidan har aka kira magariba, ina juya katin a hannuna. Abu ɗaya na kasa mantawa, yadda Raliya ta ce "Inna", kamar yarinyar shekara bakwai ce ke magana daga cikinta.

Da safe na sayi goro ashirin, na naɗe a ɗanyen ganye, na sa katin a aljihun gaba.

Na sami motar da za ta Belbeji ranar kasuwa, inda makiyayan kwarin Tarka ke kawo dabbobi. A can na yi ta tambaya cikin masu sayar da awaki, har wani dattijo ya ce ya san Hamma, yayan Fadimata. Suna zaune kusa da wata rijiya a cikin kwari, tafiyar rabin yini. Da na ambaci Fadimata sai ya dube ni, ya gyara rawaninsa, ya ce in je dai in ga Hamma.

Washegari bayan sallar asuba na kama hanya a ƙasa. Bazara ce. Kafin hantsi ya ɗaga sosai, ruwan gorata ya ƙare. Ƙayoyi da farin rairayi kawai, iska ko motsi ba ta yi.

Rana na tsakar ka na hango rijiyar.

Duk wanda ya san arewa ya san rijiya ba ta zama shiru da bazara. Raƙuma, shanu, ihu, ƙarar igiya a kan itace, tun safe har yamma. Wannan kuwa ba dabba ko ɗaya. Ga kashin shanu ɗanye a ƙasa, amma ko ƙuda babu. Ina jin takun ƙafata kamar na wani yana bina.

Mace ɗaya ce zaune a kan kututturen bakin rijiyar, lulluɓe da turkudi. Ba guga a gabanta, ba jaki, ba salka.

Na yi sallama. Ta amsa da Hausar kasuwa, a hankali, ba ta ɗago kai sosai ba.

"Ka makara, ɗan birni. Mushe ka fara kai wa."

Ƙishirwar da nake ji ta ɗauke. Ban gaya wa kowa wannan ba a Belbeji. Na durƙusa nesa kaɗan da ita, na ce ko ita ce Inna Fadimata. Ta miƙo hannu kawai. Yatsunta shuɗi ne har gaɓa.

Na fito da katin. Ta ce in karanta mata tukuna, ita ba ta san baƙin Nasara ba. Na fara. Iyalan Malam Attahir na Gangara da iyalan marigayi Malam Idrisa na Tanut suna gayyata zuwa ɗaurin auren 'ya'yansu, Manzo da...

Ta ɗaga hannu.

"Tsaya nan. 'Yar fari ce. Bakina bai taɓa kama sunan ba, kunnena ma kunyarsa yake ji. Ta-Tarka nake ce mata."

Ta tambaya ko akwai sunanta a jiki. Na ce babu. Na ciro alƙalamina na rubuta a kan gwiwata, Fadimata, harafin ƙarshe ya karkace. Ta karɓa, ta ɗora babban yatsanta daidai kan shaidar nan. Ko kaɗan bai wuce ba.

Ta yi mini tambayoyi irin na uwa. Ko yarinyar ta yi tsawo. Ko har yanzu tana tsoron tsawa. Ko ubanta na cin abinci da kyau. Ina amsawa, ina kallon ƙasa. Ban yarda na dubi inda inuwarta ya kamata ta kasance ba, har yau kuma ban yi nadama ba.

"An ce ƙafarka ba ta zama," ta ce.

"Haka ake faɗa, Inna."

"Ni ma haka nake. Mai tafiya bai san abin da ya bari ba sai ya so komowa hanya ta ƙi. Za ka zauna?"

"Na yi miki alkawari..."

"Kada ka yi mini. Ita za ka yi wa."

Sannan ta ba ni saƙo. In ce wa Attahir turkudin da ta bari ba nasa ba ne, na yarinya ne, a lulluɓe ta da shi ranar kai amarya. Goro kuma in kai wa Hamma, yana bayan tudun can. Ta nuna mini da haɓa.

Na tashi na yi mata sallama. Sai da na hau tudun na waiga.

Rijiyar cike take. Raƙuma sun fi ɗari, shanu na ture juna a kwamin shan ruwa, maza na jan guga da takarkari, hayaniya har inda nake. Kamar tun safe suke nan. Kututturen ba kowa a kai.

Ban san yadda na isa bukkokin su Hamma ba.

Hamma dogon dattijo ne, mai ƙarancin magana. Ya ba ni ruwa, ya ba ni nono, ya ɗora shayi. Sai da na sha kofi na farko na ajiye goro a gabansa, na faɗi ko ni wane ne da abin da ya kawo ni. Na ce katin kuma na riga na ba Inna Fadimata a bakin rijiya.

Ya ajiye butar shayin a hankali. Matarsa da ke kaɗa nono a gefe ta tsaya, ta tashi ta fita.

"Yaro, wa ka ba?"

Na sake faɗa. Ya tambayi kamanninta, na faɗa. Ya tambayi abin da ta ce, na faɗa har da sunan da take kiran 'yarta. Ya rufe fuska da gefen rawani na ɗan lokaci.

Fadimata ta rasu tun farkon sanyi, in ji shi, wata biyar ke nan. Zazzaɓi na kwana shida. Har ta cika tana cewa a kai ta Gangara ta ga yarinya ko daga nesa. Sun ba wani madugun gishiri mai suna Sidi saƙo ya kai wa Attahir, kuma Sidi ya dawo ya ce ya isar.

Ya ce in taso.

Kabarin na gefen wani tudu, an jera masa duwatsu saboda kuraye. Ba sawun kowa a rairayin wurin, sai na ƙadangare. A wajen kai akwai wani faffaɗan dutse. Daga ƙarƙashinsa, kusurwar farar takarda ta leƙo.

Na durƙusa. Ban taɓa ba, ban kuma buƙaci taɓawa ba. Ina ganin wutsiyar harafin nan da ya karkace.

Hamma ya ɗaga hannu muka yi mata addu'a. Da muka shafa, ya ce a bar shi inda yake.

"An karɓi gayyata," ya ce. "Za mu zo."

Na iso Gangara saura kwana huɗu biki. Ban wanke ƙafa ba na wuce gidan Malam Attahir. Yana zaure shi kaɗai bayan azahar. Da ya gan ni fuskarsa ta ɗaure, ya ce ai ya gaya mini sharaɗinsa.

"Na ji, Baba. In ka hana ni ita, ikonka ne. Amma an ba ni saƙo, sai na sauke."

Na faɗa masa maganar turkudi.

Sai ya zaro hannunsa na dama daga aljihu ya ɗora a gwiwa. Babban yatsan shuɗi ne, launin ya shiga har ƙarƙashin farce.

Ya tashi ya shiga turakarsa, ya fito da wata tsohuwar gafaka. A ciki, naɗe da takarda, ga turkudi sabo ful, ba a taɓa ɗaura shi ba. Ya ce shi ya saya mata da ya ji za ta tafi, don ta fasa. Ta bar shi a kan gado. Shekara goma sha biyu bai buɗe ba, sai ranar da Sidi ya kawo saƙo. Tun daga ranar kullum sai ya buɗe.

Ya ce ya kasa gaya wa Raliya. Ya raba ta da uwarta da rai, ta yaya zai dube ta ya ce yanzu ba sauran gyara? Ya yi niyyar bari sai bayan biki. Shi ya sa ya hana ni tafiya, ya san abin da zan tarar.

"Katin fa, Baba?"

Ya sunkuyar da kai. Ya ce ya shiga ɗakin yarinyar tana rijiya, abin da bai taɓa yi ba tun da ta girma. Ya ciro wanda ba suna, yana tunanin ya kira ni in rubuta na Hamma. Ya ji motsi, ya sake shi a kan zannuwa ya fita.

Na ce ashe shi ne duk kwana ukun.

Ya ɗago ya dube ni.

"Wane kwana uku? Sau ɗaya na shiga, ɗana. Ranar farko. Wallahi sau ɗaya."

Sai muka ji kuka a bayan zana.

Raliya ta fito, mayafinta a hannu, ba ta ko lura ba. Ba ta dubi mahaifinta ba. Ni ta zo ta tsaya a gabana.

"Ka gan ta?"

"Na ga wata mata a bakin rijiya, Raliya. Ban san..."

"Me ta kira ni?"

"Ta-Tarka."

Sunan nan ba wanda ya san shi a Gangara, ko mahaifinta, don a kunne uwar ke raɗa mata shi in tana yi mata kitso. Ta zauna a ƙasan zauren tana kuka, tana cewa Inna, Inna. Malam Attahir ya matso da gwiwa, dattijo mai furfura, yana cewa ta yafe masa. Ban taɓa ganin babban mutum ya yi kuka haka ba. Na fita na bar su.

Kwana biyu ba ta yi magana da kowa ba. Mata suka yi ta shiga gaisuwa. Ni ina gindin aduwa, ban san ko akwai biki ko babu ba, ban kuma ga fuskar tambaya ba.

A rana ta uku da safe ta leƙo zaure da kanta, ta miƙo mini ambulan ɗin. Idonta ya kumbura, amma muryarta ta tsaya.

"Tun ranar da ka tafi ba wanda ya sake fitowa. Suna nan a jere. Je ka raba, angona."

Na raba ashirin da takwas a yini ɗaya. Ko'ina na je sai a ce ai gwaggonninta sun riga sun kawo goro. Wasu suka soke katin a jikin zana, wata tsohuwa ta yi fifita da nata tana tambayata ko laya ce.

Ranar ɗaurin aure Hamma ya iso da raƙuma bakwai. Malam Attahir ya fita har bakin gari ya tarye shi, ya riƙe masa akala da hannunsa. Da yamma aka lulluɓe Raliya da turkudin, aka kawo ta ɗakin da na kama kusa da kasuwa.

Da mutane suka watse ta kamo hannuna. Tafinta ya bar mini shuɗi.

"Me kuma ta ce maka?"

"Ta tambaya ko zan zauna. Na ce na yi alkawari, ta ce ba ita zan yi wa ba."

"To ga ni."

Na yi mata.

Ranar Litinin kamiyonmu ya tsaya a bakin hanya, direba ya yi ta hon yana kiran sunana. Ina jinsa daga gonar Malam Attahir, inda nake koyon sharar gona da hannun da bai saba ba. Ƙafata ta yi mini ƙaiƙayi, ba zan ɓoye ba. Na tsaya har ƙarar injin ta ɓace wajen arewa.

Ambulan ɗin na nan a ƙasan adudun Raliya, naɗe da farin ƙyallensa, ba komai a ciki. 'Yarmu ta fari Fadimata muka sa mata. In Raliya na son wani zane daga adudun, da safe take ɗauka ko da yamma. Da rana tsaka ba ta buɗe shi, ni ma ban taɓa ce mata ta buɗe ba.